Sunaye 31 a Takarda, Mutum 12 a Fili: Kakar Kofin Ƙalubale ta Wata Ƙungiyar Mata a Kano

Gasar, da ƙungiyar da ake magana a kanta

An fara kofin ƙalubale na mata a Najeriya a 1992, kuma Ufuoma Babes ta Warri ce ta fara ɗaga shi. Tun daga nan kofin bai cika barin kudu ba. Pelican Stars ta Kalaba ta yi zamaninta, sannan Rivers Angels ta Fatakwal ta zo ta fi kowa tara shi. Sunansa ya sha canzawa: ya koma Aiteo Cup a 2017 da kamfanin mai na Aiteo ya ɗauki nauyinsa, a 2024 kuma ya zama President Federation Cup. Kanawan da suka yi dafifi zuwa Kaduna a Yulin 2019, lokacin da Pillars ta doke Niger Tornadoes ta ci na maza, za su iya tuna cewa a wannan fili na Ahmadu Bello ne Nasarawa Amazons ta Lafiya ta doke Rivers Angels ta ci na mata. Duka biyun bugun fenariti ne ya raba gardama.

Gasar sili-ɗaya-ƙwale ce. Ana farawa daga jiha, wadda ta fito ta shiga jadawalin ƙasa na hukumar ƙwallon ƙafa ta Najeriya (NFF), inda ake buga wasa ɗaya tak a filin 'yan ba-ruwanmu. A lig, wanda ya sha kashi yau zai iya huce haushi mako mai zuwa. A kofi, yammaci ɗaya ne ke yanke wa shekara hukunci.

Ƙungiyar da wannan nazari ya bi ta 'yan dagaji ce, tana atisaye a filin ƙasa na wata firamare a yankin Birget, mai tsawon mita 80 da faɗin 50. 'Yan wasanta daga shekara 15 zuwa 23 suke, ba mai albashi a cikinsu. Sun fito daga Sabon Gari, Nomansland, Gwagwarwa, Fagge, Kurna da bariki, sai 'yan ƙalilan daga cikin gari. Akwai koci da mataimakinsa, akwai sakatare, sai wani ɗan kasuwar Kwari da ke zuba kuɗi. An sakaya sunan ƙungiyar da shekarar saboda akwai ƙananan yara a ciki.

Kakar da ta gabata: ranar da abin ya fito fili

A kakar da ta gabata ƙungiyar ta yi wa mutum 31 rajista, kuma ta wakilci jiha ba tare da ta taɓa ƙwallo ba, don abokiyar karawarta ta janye. Wasan farko na ƙasa ya faɗo a watan Mayu, ƙarfe 4 na yamma, a wani gari mai tafiyar awa biyar. Don a rage kuɗin masauki aka yanke a tashi ranar wasan da ƙarfe 5 na asuba.

Mutum 15 ne suka zo bakin makarantar. Sauran 16 ga inda suka maƙale: bakwai iyayensu sun hana a daren tafiyar, huɗu na rubuta WAEC, biyu sun daɗe da barin ƙwallo amma sunansu na nan a takarda, biyu na jinyar rauni, ɗaya kuma ba ta sami abin hawa daga Kurna da asubar ba.

Faci da shingayen hanya suka tsawaita tafiyar ƙwarai. Aka isa saura minti 50. Wajen tantancewa aka cire mutum uku: biyu sunan da ke lasisinsu ya saɓa da na katin shaida, ɗaya lasisinta bai fito ba. Saura 12, da mai tsaron raga ɗaya. Alƙaliyar wasa ta sa aka cire fil daga hijaban mutum biyar, ta kuma hana dogayen wandunan ciki guda huɗu saboda launinsu ya saɓa da na gajeren wando. Lokacin ɗumama jiki ya ƙare wajen neman aron kaya.

An tafi hutun rabin lokaci ana bin su ci 1. A minti na 58 golar ta gurɗe a yatsa, aka sa wata 'yar tsakiya a raga. Aka tashi 6 da nema.

Janairu: littafin halarta da gwajin alawus

Da aka zauna, fassarar kwamiti ita ce kuɗi: yara ba sa zuwa ne don ba kuɗin mota. Ɗan kasuwar ya amince a riƙa ba kowace yarinya kuɗin adaidaita sahu a hannu duk ranar atisaye. A lokaci guda sakatare ya buɗe littafin halarta, kowa ta sa hannu da kanta. Ranakun atisaye huɗu ne: Litinin, Talata, Alhamis da Juma'a, bayan la'asar.

Kafin alawus, matsakaicin masu zuwa 13 ne. A makonni biyu na farko ya hau 19, a na huɗu ya sauko 14. Da aka bi sunayen, sai aka ga ƙarin duk sababbin fuskoki ne, ƙanne da maƙwabta da suka ji ana raba kuɗi. Waɗanda koci ke buƙata, musamman 'yan baya biyu da wata 'yar tsakiya daga Fagge, suna nan yadda suke.

Littafin ya nuna wani abu dabam. Alhamis da Juma'a ana samun 21 ko 22. Litinin da Talata 10 ko 11. Duk wanda ya tashi a Kano ya san dalili: yawancin Islamiyyu na karatu ne daga Asabar zuwa Laraba da yamma, Alhamis da Juma'a ne hutu. Yarinyar da aka ce ta zaɓa tsakanin hadda da ƙwallo, ba ita ke da zaɓin ba.

A ƙarshen watan aka mai da atisaye kwana uku: Alhamis da Juma'a daga 4:30 zuwa 6:00, yadda kowa za ta shiga gida kafin kiran magariba, sai Asabar daga 6:30 zuwa 8:30 na safe. An bar Lahadi saboda masu zuwa coci. Aka daina ba da kuɗi a hannu, aka ɗauki shatar adaidaita uku da sanannun direbobi, kowanne da hanyarsa: ɗaya Kurna da Fagge, ɗaya Sabon Gari da Nomansland, ɗaya Gwagwarwa. Ana biyansu duk Asabar. Kuɗin bai kai na alawus ba. Daga nan halarta ta tsaya tsakanin 20 da 23, kuma sunayen da ake ɗauka da gaske suka koma 26.

Fabrairu: takardar izini, gidaje, da tela

An fara da buga takardar izinin iyaye aka ba yaran su kai gida. Cikin kwana huɗu 24 daga 26 suka dawo da sa hannu. Saurin ne ya ba sakatare tsoro, sai ya bi lambobin wayar da aka rubuta. Takwas daga ciki, ko yarinyar ce ta sa hannu da kanta, ko yayanta, ko uwa ba da sanin maigida ba. Wato an kusa maimaita daren bara. Aka yaga takardun.

Sai aka nemo wata malamar motsa jiki da ta yi ritaya daga wata sakandiren 'yan mata, wadda da yawan iyayen yankin sun san ta, wasu ma ita ta koyar da su. Aka naɗa ta uwar tafiya. Ita da koci suka shiga bin gidaje, biyu ko uku a yini, bayan la'asar. Tsarin bai canzawa: Hajiya ta shiga ciki wajen uwa, koci ya yi sallama da maigida a ƙofar gida ko a zaure. Suna tafe da abu biyu: samfurin kayan da yarinyar za ta sa a fili, da takarda guda mai ɗauke da sharuɗɗa. Ba tafiyar dare. Ba namiji a sashen da yara ke kwana. Hajiya na kwana tare da su. Za a faɗi lokacin tashi da na dawowa kwana uku kafin tafiya. Ga lambar Hajiya, ga ta direba.

A wani gida a Fagge, maigidan ya juya rigar a hannunsa ya daɗe bai ce komai ba, sannan ya ce, "Malam, ni ba ƙwallon ce ta dame ni ba. A ina za ta kwana, kuma wa zai gan ta?" Koci ya ce, "Baba, ga Hajiya can ciki wajen Umma. Inda ta kwana nan za ta kwana." Ya ce a ba shi mako guda. Ranar Juma'a ya aiko da takardar, da sharaɗin a kira shi da zarar an sauka. Irin wannan tambayar aka yi ta ji gida-gida. Ba uban da ya tambayi ko za a ci kofi. Mutum biyu sun kawo maganar dangin wanda ke neman yarinyar da aure, kuma duka biyun sun ƙi.

Bayan mako uku: gida 20 sun yarda da komai, uku sun yarda da wasa a cikin Kano kawai, uku sun ƙi. Aka yi wa 23 rajista.

Takardu su ma sun ci lokaci. Shida daga cikin 23 sunansu ya sha bamban tsakanin takardar haihuwa, katin NIN da wanda suka saba rubutawa: nan Hauwa'u, can Hauwa, a fili kuma Jidda, nan sunan uba, can sunan kaka. Aka tsayar da cewa abin da ke kan NIN shi za a kwafa harafi da harafi. Aka ɗauki sababbin hotuna rana ɗaya, aka yi fayil biyu, ɗaya wajen sakatare ɗaya wajen Hajiya.

Batun kaya kuwa Doka ta 4 ta ƙwallon ƙafa ta riga ta fayyace shi, ba a karanta ta ba ne bara. Tun 2014 hukumar IFAB, mai tsara dokokin wasan, ta halatta rufe kai. Sharaɗin shi ne abin rufin ya zama baƙi ko launin riga, duk masu sawa a ƙungiya su sa launi ɗaya, kada a haɗe shi da rigar, kada ya zama da abin da zai ji wa mai shi ko wata ciwo. Fil ya fita ke nan. Rigar ciki mai dogon hannu ta zama launin hannun riga, dogon wandon ciki ya zama launin gajeren wando. 'Yan kunne, zobe da ɓarimar hanci duk haramun ne a fili, kuma manna musu filasta bai halatta su ba.

Aka sayo yadi a Kwari aka kai wa wani tela a Fagge. Ɗinkin farko bai yi ba. Yadin roba ne mai kauri, yana tara zufa, kuma da yarinya ta sa wa ƙwallo kai sai ya zamo ya rufe mata ido. A na biyu aka koma auduga mai talewa, marar nauyi, wadda ake zurawa ta kai, aka sa mata ɗamara mai faɗin yatsa biyu daga ciki ta kama goshi, aka rage tsawonta yadda za ta shige wuyan riga ba tare da ɗinki ba. Hajiya ce ta sa aka canza farin gajeren wando zuwa shuɗi mai duhu. Ta lura akwai ranakun da wasu ke zuwa su zauna a gefe su ce ciwon kai, alhali kwanakin al'adarsu ne kuma farin wandon suke tsoro. Koci ya shekara uku da ƙungiyar bai taɓa jin wannan ba, kuma ba mai faɗa masa. Daga nan audugar mata ta shiga akwatin magani.

Maris zuwa Afrilu: azumi

Azumin shekarar ya faɗo daga Maris zuwa Afrilu, lokacin da zafin Kano kan kai digiri 40. Mutum 14 cikin 23 suna azumi.

A makon farko an bar atisaye yadda yake, 4:30 na yamma. A rana ta biyu jiri ya kwashi mutum biyu aka zaunar da su a inuwa. Aka gwada abin da ƙungiyoyin maza ke yi, wato a matsa zuwa awa ɗaya kafin shan ruwa, yadda ana gamawa sai a buɗe baki. Mutum tara ne suka zo, kusan duk marasa azumi. A wannan sa'ar 'yan matan gida suna kicin, ana dama kunu ana suyar ƙosai, ba uwar da za ta saki hannu biyu a lokacin. Bayan asham kuwa ba a ma kawo shi ba, don ya karya sharaɗin da aka sa wa hannu.

Abin da ya rage shi ne safiya. Aka koma 6:30 zuwa 7:20, kwana uku a mako, ba gudun wahala, ba dogon wasa. Minti 50 ɗin an raba su ne tsakanin tsayuwar 'yan baya, tare bugun kusurwa, da fenariti. Aka gaya wa masu azumi su rarraba ruwa tsakanin shan ruwa da sahur, kofi-kofi, maimakon su ɗura shi gaba ɗaya dab da kiran assalatu. Ƙarfin jiki ya ragu, kowa ya ga haka. Ba wadda ta sake faɗuwa.

A wannan watan aka yi aiki biyu da suka yi rana daga baya. Na farko, gola ta biyu: wata ɗalibar sakandire mai buga ƙwallon hannu, wadda ta riga ta iya kamawa, aka koya mata tsayuwa da fita. Aka kuma ware wata 'yar baya tana shiga raga minti 15 duk Asabar, ko da ta ɓaci.

Na biyu, fenariti. A ƙarshen kowane atisaye kowa na bugawa daga mita 11, amma sai ta tako daga tsakiyar fili ita kaɗai, sauran na tsaye suna ihu, kamar yadda za a yi a wasa. Sakatare na rubuta kowane bugu: ya shiga, an kama, ko ya yi waje, da ɓangaren da aka buga. Bayan kowa ta yi 30 aka jera sunaye. Wadda ta fi kowa cin ƙwallo a ƙungiyar ta zo ta tara, da 17. Ta farko 'yar baya ce marar magana, da 26, kusan duka ƙasa-ƙasa gefen hagun gola. Su kuma gololin aka horar da su kan dokar layi: lokacin da ake bugawa dole wani sashe na ƙafa ɗaya ya kasance a kan layi, ko daidai da shi, ko bayansa. In ta riga ta fito ta kama, a sake.

An sa wasan ƙarshe na jiha a goman ƙarshe na azumi. Ƙungiyoyin biyu suka rubuta takarda tare suna roƙon a ɗage, aka mai da shi bayan salla.

Ƙarshen Afrilu: 'yan aro da wasan jiha

Ganin jiki ya yi sanyi, wasu a kwamiti suka kawo shawarar a ɗauko 'yan wasa uku daga wata jiha. Sakatare ya bincika ya gano biyu sun riga sun buga wa wata ƙungiya wasan share fage a jiharsu a wannan kakar. Wadda ta buga wa wata a kofi ba ta bugawa wata, kuma ƙorafi ɗaya daga abokan karawa ya isa a ƙwace nasara a kan tebur. Ta ukun ta zo, aka sauke ta gidan Hajiya, ta yi kwana 12, ta nemi kuɗin da ba a yi da ita ba, ta koma.

An yi hayar cikakken fili, mita 105 da 68, sau biyu kafin wasan, don yaran da suka saba da 80 da 50 kan bar rami tsakanin baya da tsakiya idan fili ya buɗe. A wasan jiha mutum 22 suka zo, har da ukun da ba sa fita Kano. Aka ci 2 da 1.

Tsakiyar Mayu: zagayen farko na ƙasa

Wasan ya faɗo Laraba, ƙarfe 4, tafiyar awa biyar, da wata ƙungiya mai ƙarfi ɗaya da su. Ƙa'idar kakar ta ce in an yi kunnen doki a minti 90, kai tsaye fenariti. Cikin 20 masu izinin tafiya, biyu na da jarrabawa, ɗaya ta gurɗe a idon sawu. Aka tafi da 17, da manya biyar. Bas mai cin 18 ba ta isa mutane da kaya ba, sai aka ɗauki Coaster.

An tashi Talata ƙarfe 9 na safe, an sauka ƙarfe 3. Hajiya ta kira gidaje 17 ɗaya bayan ɗaya. Ƙarfe 5 aka je aka taka filin, aka tarar ciyawar roba ce. Ƙwallo ta fi gudu a kanta, ta fi ƙasa ɗaukar zafi, kuma takalmi mai dogayen haƙora na kafewa ya murɗe gwiwa. Mutum shida suka koma masu gajerun haƙora, wasu aro. An zo da jaka 12 ta ruwan leda, lita 120 ke nan, da ƙullin gishiri da sukari ana haɗa ɗaya a lita guda. Abinci shinkafa da wake ne da aka saba, aka ci da ƙarfe 12:30. Sakatare ya halarci taron safe da rigunan kala biyu a hannu. Wajen tantancewa ba a cire kowa ba, ba a taɓa hijabin kowa ba.

An zura musu ƙwallo a minti na 23, ta hanyar dogon bugu da ya wuce kan 'yan baya ya yi tsalle a robar. Suka farke a minti na 71 daga bugun kusurwa. Canji biyar doka ta ba da, a tsayawa uku ban da hutun rabin lokaci. Koci ya yi ɗaya a hutu, ɗaya a minti na 60, ɗaya a 74, ya ajiye biyu har minti na 87. Waɗanda ke cikin fili lokacin busan ƙarshe ne kawai ke da damar bugun fenariti, don haka ya shigar da ta uku da ta huɗu a jerin littafin sakatare. Aka tashi 1 da 1. Mai cin ƙwallon ƙungiyar ta nemi ta buga na farko, aka ce ta jira. Huɗu suka ci, ɗaya ta doki turke. A bugun abokan karawa, golar ta kama ɗaya, wata ta ɗaga sama. Aka ci 4 da 3.

Direba ya so a kamo hanya da magariba don ya huta da kuɗin kwana. Hajiya ta ƙi. Aka kwana, aka taso bayan asuba. An yi wa iyaye alkawarin ƙarfe 2 na ranar Alhamis, aka shigo Kano 1:20.

Mako guda bayan nan: zagaye na biyu

Kasafin da aka yi tun Janairu na tafiya ɗaya ne. Ba wanda ya faɗa a fili, amma ba a sa ran za a wuce ba. Jadawali ya fito saura kwana biyar: tafiyar awa tara, da ƙungiyar da ke buga firimiyar mata. Ɗan kasuwar ya ce abin da ya ware ya ƙare. Aka shiga bin abokan arziki, kuɗin bai haɗu ba sai daren Litinin, don haka sanarwar kwana uku da aka yi wa iyaye alkawari ta koma ta kwana ɗaya. Uba ɗaya ya janye 'yarsa a kan wannan, kuma yana da gaskiya bisa takardar da ke hannunsa. Masu jarrabawa suka zama uku, mai idon sawu ba ta warke ba. Aka tafi da 15.

An tashi Talata bayan asuba, an sauka dab da magariba, ba a taka filin ba. Masaukin da kuɗin ya iya kamawa ba wuta, ga sauro, ga zafi. Yawancinsu ba su runtsa ba sai wajen ƙarfe 2.

Sun riƙe wasan ba ci har minti na 34. Biyu na farko daga bugun kusurwa da bugun tazara suka shiga, duka da kai, a hannun 'yan wasan da suka fi su tsawo da ƙarfi. Biyu na ƙarshe bayan minti na 75 ne, lokacin da ƙafa ta mutu. Aka tashi 4 da nema. Kowa ta koma gida Alhamis kafin magariba.

Hukunci

Ciwon ƙungiyar bara ba rashin iya ƙwallo ba ne, ba kuma rashin kuɗi ba ne a farko. Kusan yaran da suka sha 6 su ne suka fitar da wata ƙungiya bana. Bambancin shi ne bara 12 ne suka cancanci shiga fili, a gajiye, bana 17, sun kwana sun ci abinci.

Alawus ya faɗi ne don ya amsa tambayar da ba a yi ba. Takardar izini ta faɗi don an aika yarinya ta nemo yardar da ba ta da bakin nema. Atisayen dab da shan ruwa ya faɗi don an kwafo shi daga maza, waɗanda ba a jiransu a kicin. 'Yan aro kuwa da an sa su, da an ci a fili an rasa a ofis.

Abin da ya fi komai aiki Hajiya ce, kuma ba don tana mace kawai ba. Iyaye sun san ta, tana shiga inda koci ba ya shiga, yara na faɗa mata abin da ba sa faɗa masa, kuma ta iya ce wa direba a'a. Dawowar nan ta 1:20 ita ce ta sa gida 19 cikin 20 ba su janye izininsu ba ko da aka zo musu da tafiya ta biyu a gaggauce. Bayan ita sai littafin sakatare, wanda sau biyu ya ƙaryata abin da kowa ya ɗauka: ranakun da yara ke zuwa, da wadda ta iya fenariti.

Kashin zagaye na biyu ba duka za a ɗora wa kuɗi ba. Ko da an kwana a ɗaki mai sanyi, ƙungiyar da ta buga cikakken wasa na minti 90 sau huɗu a shekara ba za ta ja da wadda ke buga lig mako-mako ba, kuma a cikin Kano abokan karawar ba su da yawa. Amma biyun ƙarshe da kujerun benci da suka zauna wayam na kasafi ne. Wanda ya shiga sili-ɗaya-ƙwale da kuɗin tafiya ɗaya ya shirya wa faɗuwa ne kawai. Kamata ya yi tun Janairu a ajiye na tafiya biyu, na biyun a hannun wani dabam, a kuma ɗora jadawalin WAEC a kan jerin sunaye tun kafin rajista, don a san kujeru nawa za su kasance ba kowa a watan Mayu.

Da sakatare ya sake buɗe littafin a watan Satumba, biyar cikin 23 ba sa nan. Biyu an sa musu rana, biyu sun sami gurbin karatu a wajen Kano, ita kuma 'yar bayan nan mai 26 cikin 30 wata ƙungiya a wata jiha ta ɗauke ta, ba a biya ko sisi ba, don ba wata yarjejeniya a rubuce tsakaninta da ƙungiyar. Akwai sababbi bakwai da ke zuwa Alhamis da Juma'a. Ba a je gidan ko ɗaya daga cikinsu ba tukuna.